Jiha Biyu, Ma'aikaci Ɗaya: Wa Ke Biyan Shekarun Aiki Idan An Raba Gida?

Wanda ya bar birnin Kano ya kama hanyar Daura ta Dambatta, gonaki ne ke raka shi dama da hagu: gero, dawa, wake da gyaɗa, ƙauye na hangen ƙauye. A wannan shiyya ƙasar Makoda take, da hedikwatarta Koguna, da garuruwa irin su Maitsidau, Kadandani, Satame da Wailare. In matafiyi ya ƙara gaba kaɗan, ya shiga ƙasar Kazaure. Harshe ɗaya ne, kasuwannin da ake ci ɗaya ne, auratayya kuma ta sarƙe gidaje tun kaka da kakanni. Har zuwa 27 ga Agusta, 1991, gwamnatin ma ɗaya ce.

A ranar ce Janar Ibrahim Babangida ya sanar da sababbin jihohi, aka cire Jigawa daga Kano. Masarautun Haɗejiya, Gumel da Kazaure suka tafi, tare da yankunan Dutse da Ringim. Makoda, wadda daga baya aka cire ta daga Dambatta ta zama ƙaramar hukuma mai cin gashin kanta, ta zauna a Kano. Manomi bai ji wani sauyi a gonarsa ba. Amma ma'aikacin gwamnati, malamin makaranta ne, malamin asibiti ne ko malamin gona, ya wayi gari da tambayar da ba a taɓa ɗora aikinsa a kanta ba: kai ɗan ina ne?

Shekara talatin da 'yan kai ke nan, tambayar ba ta mutu ba. Ta shiga ofisoshin fansho, ta shiga majalisun dokoki, ta kai gaban alƙalai. Yau da ake sake kiraye-kirayen ƙirƙiro jihohi, har da wadda za ta iya shafar arewacin Kano, ya dace a tsaya a duba yadda ake mayar da ma'aikaci daga wata jiha zuwa wata, da inda ake cutar da shi, da abin da doka ta ba shi.

Yadda aka saba rabon

Rabon 1991 ba shi ne na farko ba. Lokacin da Janar Yakubu Gowon ya rushe jihohin yanki a 27 ga Mayu, 1967, ya kafa jihohi 12, tsohuwar Jihar Arewa ta kasu shida. Ma'aikatan da ke Kaduna aka rarraba su, kowa ya nufi lardin da ya fito, waɗanda suka zo Kano suka kama aiki ƙarƙashin Gwamna Audu Baƙo. Abubuwan da ba su rabuwa cikin sauƙi aka miƙa su ga wata hukumar riƙon ƙwarya, ICSA, ta ci gaba da kula da su a madadin jihohin shida. Haka aka maimaita a 1976 zamanin Janar Murtala Muhammed, da 1987 da aka cire Katsina daga Kaduna, da 1991, da 1996 da Zamfara ta fita daga Sakkwato, Gombe ta fita daga Bauchi.

A duk waɗannan lokuta ma'auni ɗaya aka fi riƙewa, wato asali. Ba a tambayi inda mutum ya yi shekara ashirin yana aiki ba, ko inda ya gina gida ya sa 'ya'yansa a makaranta. An duba ƙaramar hukumar da ya rubuta a fayil ranar da aka ɗauke shi. Kuma da yake soja ke mulki, doka ɗaya daga Legas ko Abuja ta isa ta ƙirƙiri jiha, ta raba kadarori, ta raba mutane. Ƙofar kotu kusan a rufe take.

'Yan Jigawa suka tattara suka nufi Dutse, inda Kanar Olayinka Sule ya fara riƙe jihar kafin Ali Sa'ad Birnin Kudu ya karɓa a Janairun 1992. Dutse a lokacin ƙaramin gari ne, ba gidajen haya isassu, ba ofisoshi. Da yawa suka bar iyali a Kano suna zirga-zirga, wasu kullum, wasu mako-mako. Zamanin Gwamna Saminu Turaki aka sake watsa ma'aikatu zuwa manyan garuruwan jihar, sai bayan 2007 Gwamna Sule Lamiɗo ya dawo da su Dutse. Ma'aikaci ɗaya zai iya cewa an tashe shi sau uku, ko sau ɗaya ba a nemi jin ta bakinsa ba.

Gaskiya ne rabon ya buɗe wa wasu hanya. Wanda ya daɗe a maƙale a mataki ɗaya a Kano ya sami gurbi a sabuwar jiha, ya zama darakta ko babban sakatare da wuri. Amma a garuruwan bakin iyaka irin na Makoda da Dambatta ne ma'aunin asali ya fi nuna rauninsa. A ɗauka wani malami ne da mahaifinsa ya taso daga ƙasar Kazaure ya zo noma, aka haife shi a nan, uwarsa 'yar nan ce, gonarsa a nan take. Bisa takarda, yana iya zama ɗan Jigawa. Bisa rayuwa, bai san wani gida ba sai wannan.

Abin da doka ta tanada a yau

Kundin tsarin mulki na 1999 ya ba kowace jiha hukumar kula da ma'aikatanta, Tarayya ma tana da tata. Kowace hukuma ita ke ɗauka, ta ƙara girma, ta ladabtar a cikin gidanta. Babu wadda ke da iko a kan wata. Daga nan ne ka'idar da ta fi kowace muhimmanci ta fito: ba a mayar da ma'aikaci wata jiha sai da yardar ɓangarori uku. Shi ya nema ko ya amince, jihar da yake ciki ta sake shi, jihar da zai je ta karɓe shi a rubuce. In ɗaya ta faɗi, babu canjin aiki.

Dokokin aikin gwamnati sun bambanta abu biyu da mutane kan cakuɗa. Akwai canjin aiki na dindindin, inda mutum ke tafiya da fayil ɗinsa da shekarunsa baki ɗaya. Akwai kuma aro, inda ake ba da shi na wani lokaci, gurbinsa da girmansa na jiransa a gida. Rigingimu da dama daga wannan cakuɗewa suke tasowa. Mutum ya tafi a matsayin aro, wa'adi ya wuce ba a sabunta ba, ba a kuma mai da shi na dindindin ba. Ranar ritaya, can su ce ba namu ba ne, nan su ce ai ya daɗe da barinmu.

Shi kansa kundin tsarin mulkin yana magana da baki biyu. Sashe na 42 ya hana a nuna wa ɗan ƙasa bambanci saboda ƙabilarsa, wurin asalinsa, jinsinsa ko addininsa. Sashe na 41 ya ba shi 'yancin zama ko'ina a Nijeriya. Sashe na 15 ya ɗora wa gwamnati nauyin tabbatar wa kowa cikakken haƙƙin zama a duk inda ya ga dama. Amma sashe na 14 ya kawo tsarin raba daidai, sashe na 147 ya ce a naɗa minista ɗan asalin kowace jiha, sashe na 318 kuma ya fassara zama ɗan jiha da cewa ɗaya daga iyayen mutum ko kakanninsa ya fito daga al'ummar da ke asalin wurin. Lauyan ma'aikaci yana riƙe da sassan farko, lauyan gwamnati yana fakewa da na biyu.

Tun bayan gyaran kundin tsarin mulki na uku, wanda ya fara aiki a 2011, Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ce kaɗai ke da hurumin sauraron irin wannan ƙara, bisa sashe na 254C, kuma tana da reshe a Kano. Sashen ya ba ta damar duba abin da ake kira zalunci a wurin aiki, da yarjejeniyoyin ƙwadago na duniya da Nijeriya ta amince da su, ciki har da ta hana wariya wajen aiki, wadda ƙasar ta rattaba wa hannu a 2002. Wanda bai gamsu ba, sai Kotun Ɗaukaka Ƙara. Tun kafin wannan, a shari'ar Shitta-Bey ta 1981 da ta Olaniyan da Jami'ar Legas ta 1985, Kotun Ƙoli ta kafa cewa ma'aikacin da doka ta tsara aikinsa ba bara ba ne da za a sallama da ganin dama. In ba a bi ka'ida ba, kotu na iya mai da shi kujerarsa.

Abin da ya faru a Abiya

Misalin da ya fi fitowa fili a zamanin farar hula ya faru ne a Jihar Abiya, wadda aka haifa rana ɗaya da Jigawa. A watan Agustan 2011 gwamnatin Theodore Orji ta fitar da sanarwa cewa ma'aikatan da ba 'yan asalin jihar ba za a mayar da su jihohinsu daga 1 ga Oktoba. Dalilin da aka bayar shi ne nauyin sabon albashi mafi ƙanƙanta na naira 18,000, tare da hujjar cewa wasu maƙwabtan jihohi sun taɓa yi wa 'yan Abiya haka. Dubban ma'aikata abin ya shafa, da yawa malaman makaranta, mafi yawansu kuma 'yan ƙabilar Ibo ne daga Imo, Anambra, Enugu da Ebonyi.

An kira abin canjin wurin aiki, amma ba jihar da aka yi yarjejeniya da ita cewa za ta karɓe su. Sakin ya tabbata, karɓar ba ta tabbata ba. Mutumin da aka cire sunansa daga albashin wata jiha ba a sa shi a na wata ba, korarre ne, ko da me aka rubuta a saman takardar. Suka ta yi yawa daga ƙungiyoyin ƙwadago, lauyoyi da shugabannin yankin, daga baya gwamnatin ta sanar da cewa za ta mai da su. Sai dai watannin da aka yi ba albashi, da yaran da aka cire daga makaranta, ba sanarwar da za ta dawo da su.

Kada ɗan Arewa ya ɗauka wannan labarin wasu ne can. Duk lokacin da albashi ya yi wa jiha nauyi, aka kafa kwamitin tantance ma'aikata, wanda takardar asalinsa ke da alamar tambaya shi ke fara kwana da fargaba.

Mata sun fi shan wuya

Mace ta bar gidan ubanta ta bi miji, ta haihu a can, ta yi aiki a can, can za a binne ta. Amma ka'idojin Hukumar Raba Daidai ta Ƙasa sun ce matar aure tana ci gaba da zama 'yar jihar da ta fito wajen rabon muƙaman Tarayya. A jihar miji a ce mata baƙuwa, a jihar uba a ce ai ta yi aure ta tafi.

Ko manyan alƙalai ba su tsira ba. A Nuwamban 2012 Babbar Jojin Nijeriya, Mai Shari'a Aloma Mukhtar, ta dakatar da rantsar da Mai Shari'a Ifeoma Jombo-Ofo a Kotun Ɗaukaka Ƙara, saboda ƙorafin cewa 'yar Anambra ce ta shigo a gurbin Abiya, jihar mijinta, inda ta shafe shekaru tana alƙalanci. Sai da Majalisar Dattawa ta sa baki, daga baya aka rantsar da ita. A 2020 Majalisar Dokokin Kuros Riba ta ƙi tabbatar da Mai Shari'a Akon Ikpeme a matsayin Babbar Jojin jihar, bisa hujjar cewa asalinta Akwa Ibom ne, alhali Akwa Ibom ɗin cikin Kuros Riba take har 1987, lokacin da aka ƙirƙiro ta tare da Katsina. Sai a farkon 2021 aka tabbatar da ita.

In mai shari'a da duniya ke kallo ta sha wannan, ina ga ungozoma ko malamar firamare da aka auro daga Kazaure ko Ɓaɓura zuwa wani ƙauyen Makoda, wadda ba ta da lauya, ba ta da wanda zai kai kukanta jarida?

Inda gizo ke saƙar: fansho

Yawancin rigimar ba ta bayyana ranar da aka yi canjin. Tana kwanciya sai ranar da mutum ya cika shekara 35 yana aiki ko 60 da haihuwa. A tsohon tsari, wanda ya yi aiki a gwamnatoci biyu ana haɗa masa shekarunsa, wadda ya yi ritaya a hannunta ta biya, ɗayar ta kawo nata kason. Wannan yana buƙatar takardu cikakku: takardar ɗauka ta farko, ta tabbatarwa, ta saki, ta karɓa, da bayanin albashin ƙarshe. In ɗaya ta ɓace, shekara goma na iya zubewa daga lissafi. Daga nan sai a je a dawo, yau a ce fayil na Kano, gobe a ce yana Dutse, ga tsufa, ga kuɗin mota.

Dokar fansho ta Tarayya ta 2004, wadda aka sabunta a 2014, ta rage wannan matsala ga waɗanda ta shafa. Kowane ma'aikaci yana da asusu da sunansa, gwamnati na zuba kashi 10 cikin ɗari, shi yana zuba kashi 8, kuma asusun na bin sa duk inda ya koma. Kano da Jigawa sun ɗauki wata hanya: ana cire gudummawa, amma tana shiga asusun bai-ɗaya na jiha, wanda shi ke biyan waɗanda suka yi ritaya. Tsarin na da amfaninsa, Jigawa ma ta yi suna da biya a kan kari. Sai dai ga mai ƙetare iyaka, kuɗin ba ya tashi ya bi shi da kansa. Sai hukumomi biyu sun zauna sun yi lissafi. Jihar da ke fama da bashin 'yan fanshonta, kamar yadda gwamnatin Kano da ta hau mulki a 2023 ta ce ta gaji bashin garatuti na sama da naira biliyan 48, ba ta gaggawar biyan kason wanda ya riga ya bar ta.

Sashe na 210 na kundin tsarin mulki ya hana a riƙe wa ma'aikacin jiha fanshonsa ko a sauya masa shi ta hanyar da za ta cutar da shi. Haƙƙi ne, ba alfarma ba. Amma neman sa a kotu sai da kuɗi da juriya, kuma lauyoyin gwamnati kan fara da dokar nan mai kare jami'an gwamnati, wadda ta ce a shigar da ƙara cikin wata uku. Kotuna sun daɗe suna tafka muhawara kan ko ta shafi rigimar aiki da fansho. Hanya mafi aminci ga wanda aka zalunta ita ce kada ya zauna jiran alkawarin baka. Ya rubuta kokensa, ya riƙe kwafi, ya nemi ƙungiyarsa da lauya da wuri.

Ma'aikacin Tarayya fa?

Shi lamarinsa daban ne. Ɗan sanda, jami'in kwastan ko ma'aikacin wata hukumar Tarayya ya amince tun ranar ɗauka cewa za a iya tura shi ko'ina a ƙasar. Ubangidansa ɗaya ne ko a Koguna yake ko a Kalaba, don haka kotu ba ta cika tsoma baki ba, sai in an nuna cewa an yi canjin da mugun nufi, ko don horo ba tare da an saurare shi ba, ko ya rage masa matsayi. Duk da haka, cece-kucen da ya tashi a Janairun 2024, lokacin da Babban Bankin Nijeriya ya mayar da wasu sassansa Legas, hukumar filayen jiragen sama ta FAAN ma ta mayar da hedikwatarta can, ya nuna cewa tashin ma'aikata daga wuri ba lamarin ofis kawai ba ne. Akwai iyali a bayan kowane suna.

Yadda Indiya ta yi da nata

Ba Nijeriya kaɗai ke da wannan ciwo ba. Da Indiya ta cire jihar Telangana daga Andhra Pradesh a 2 ga Yuni, 2014, dokar rabon ta tanadi yadda za a raba ma'aikata, aka kafa kwamiti ƙarƙashin C. R. Kamalanathan, aka ba ma'aikata damar faɗin inda suke so. Duk da haka, a 2015 kamfanonin wutar lantarki na Telangana suka saki ma'aikata fiye da dubu ɗaya bisa hujjar cewa asalinsu Andhra ne, ɗaya ɓangaren kuma ya ƙi karɓar su. Babbar kotu ta soke matakin, Kotun Ƙolin ƙasar ta naɗa tsohon alƙali D. M. Dharmadhikari a 2018 ya yi rabon, ba a rufe maganar ba sai ƙarshen 2020. Ƙasar da ta rubuta ka'ida tun farko ta sha shekara biyar a kotu. Wadda ba ta rubuta komai ba, sai abin da Allah ya yi.

Kafin a sake ja wani layi

A Fabrairun 2025 kwamitin Majalisar Wakilai mai gyaran kundin tsarin mulki ya bayyana buƙatu 31 na sababbin jihohi, ciki har da Tiga da Gari daga Kano. Sashe na 8 ya tsaurara sharuɗɗan, kuma tun bayan Jihar Tsakiyar Yamma a 1963 ba gwamnatin farar hula da ta ƙirƙiri jiha. Amma ko an yi ko ba a yi ba, masu fafutukar suna magana kan hedikwata da kason kuɗin Tarayya, ba a jin mai magana kan malamin da za a raba da makarantarsa.

Abubuwan da ake buƙata ba su da wuyar faɗa. Duk dokar da za ta raba jiha ta ba ma'aikaci zaɓi, ta kuma ɗauki shekarun zama da na aiki da muhimmanci kamar yadda ta ɗauki asali. Kada a cire sunan kowa daga albashi sai jihar da za ta karɓe shi ta sa shi a nata. Matar aure ta zaɓi jihar da za ta dogara da ita sau ɗaya, kowa ya girmama zaɓin. Hukumomin fanshon Kano da Jigawa, da na Kaduna da Katsina, da na Sakkwato, Kebbi da Zamfara, su kafa teburin haɗin gwiwa na dindindin da zai warware tsofaffin fayiloli cikin wa'adi sananne, a kuma adana bayanan kowane ma'aikaci a kwamfuta. Ƙungiyoyin malamai da na ma'aikatan lafiya da na ƙananan hukumomi su riƙa tsaya wa mambobinsu a kotu, don mutum ɗaya ba ya iya ja da jiha.

Wakilan Dambatta da Makoda a majalisun jiha da na Tarayya sun fi kowa dacewa su ɗauki wannan magana, domin mutanensu ne ke zaune a bakin iyaka. Ma'aikacin da ya koyar da yara ko ya karɓi haihuwa shekara talatin ya riga ya biya nasa. Haƙƙinsa amana ce a wuyan gwamnatin da ta ci moriyar ƙarfinsa, kuma raba jiha ba ya sauke wannan amana daga wuyan kowa.